Gwanin da Ba a Naɗa Ba: Sultan Khan da Muƙamin Giranmasta

Sanin kowa ne cewa kowace sana'a tana da sarautunta, kuma ba lallai ne wanda ya fi kowa iyawa ya zama shi ne mai rawani ba. A wannan maƙala za mu dubi wannan al'amari ta fuskar wasan ces, wato darar nan ta sarki da waziri da dawaki wadda Larabawa ke kira shaɗaranj. Wasan ba baƙo ba ne a ƙasar nan, domin a shekarar 1934 C.K. Meek ya rubuta bayanin irin nasa da ake yi a Barno da sunan tsatsarandi. Mu dai mutum ɗaya za mu bi sawunsa, wani Bafanjabe mai suna Sultan Khan.

Muƙami mafi girma a wannan wasa, in aka ɗebe kambin zakaran duniya, shi ne Giranmasta, ma'ana babban gwani. An daɗe ana ba da labarin cewa Sarkin Rasha Nikolas na Biyu ne ya fara naɗa shi a 1914, inda ya ba Lasker da Capablanca da Alekhine da Tarrasch da Marshall. Labari ne mai daɗi, sai dai masu bin diddigi sun duba jaridun lokacin ba su ga alamarsa ba. Abin da ya tabbata shi ne, ƙungiyar ces ta duniya, FIDE, wadda aka kafa a Faris a 1924, ba ta mayar da muƙamin na hukuma ba sai a 1950, lokacin da ta naɗa mutum 27. Mu riƙe wannan shekara, za mu komo kanta.

An haifi Sultan Khan a 1903 a Mitha Tiwana, cikin lardin Fanjab, a ɓangaren da ya koma Pakistan bayan rabuwar 1947. Wurin mahaifinsa ya koyi wasan tun yana yaro, amma bisa dokokin Indiya. A can ƙaramin soja taki ɗaya kawai yake yi a fitarsa ta farko, kuma babu dabarar nan ta Turawa ta ɓoye sarki a lungu bayan ganuwa da motsi guda. Wani babban mai gonaki, Sa Umar Hayat Khan Tiwana, ya ga hazaƙarsa ya jawo shi gidansa, aka koya masa dokokin Turai. A 1928 ya ci gasar Indiya baki ɗaya: wasa tara, ya ci takwas, ya yi kunnen doki ɗaya. Shekarar da ta biyo baya Sa Umar ya tafi Landan da shi.

Abin da ya faru cikin shekaru huɗu da 'yan watanni da suka biyo baya, da a littafin ƙagaggen labari muka karanta shi, da mun ce marubucin ya zuƙe ta malle. Mutumin da bai karanci littattafan buɗe wasa ba, waɗanda gwanayen Turai suka haddace tun ƙuruciya, ya ci kambin Birtaniya a Ramsgate a 1929, ya sake ci a 1932 da 1933. Ya zo na biyu a gasar Liège ta Beljiyam a 1930. Ya kara da Tartakower wasa 12 a 1931 ya rinjaye shi da maki shida da rabi da biyar da rabi. Ingila ta ɗora shi a allon farko, wato kujerar gwaninta na ɗaya, a gasar ƙasashe har sau uku: Hambag a 1930, Firag a 1931, Folkestone a 1933. A Firag ya kayar da Flohr da Rubinstein, ya kuma yi kunnen doki da Alekhine, zakaran duniya na lokacin. Duk wannan kuwa yana fama da sanyin Ingila, yau mura gobe zazzaɓi.

Wasan da ya fi fito da shi shi ne wanda ya yi da Capablanca a Hastings, a gasar ƙarshen 1930 zuwa farkon 1931. Capablanca ɗan Kyuba ne, ya riƙe kambin duniya daga 1921 zuwa 1927, kuma ya taɓa yin shekara takwas ba a ci shi ko sau ɗaya ba a gasa. Sultan Khan bai ɓoye sarkinsa ba, ya bar shi a tsakiyar fage kamar yadda ya saba a gida. Da Capablanca ya afko da ganuwoyinsa biyu, sai ya ba da wazirinsa ya karɓe su duka, sannan ya shiga matsar abokin karawarsa sannu a hankali, ba gaggawa, har ya rasa inda zai motsa. A motsi na 65 wasa ya ƙare. A ganinmu abin sha'awa a nan shi ne, abin da Turawa suka ɗauka naƙasu ne a iliminsa, shi ne ya zama makaminsa a ranar.

A ƙarshen 1933 Sa Umar ya koma da shi gida. A shekarar ce kuma wata mace daga gidan, Fatima, ta ci kambin mata na Birtaniya. Ban da karawar da ya yi da Khadilkar a 1935, wadda ya lashe da tazara mai yawa, duniyar ces ba ta ƙara jin ɗuriyarsa ba.

To, mu koma 1950. Wani zai ce ai FIDE masu rai kawai ta naɗa, shi ya sa babu Capablanca da Alekhine a jerin. Gaskiya ne, amma Sultan Khan yana da rai. Wani kuma zai ce ai ya daina wasa. Rubinstein ma ya daina tun farkon shekarun 1930, aka kuwa naɗa shi saboda abin da ya yi a baya. Tartakower da Flohr da Rubinstein, dukkansu suna cikin 27 ɗin, kuma dukkansu sun ɗanɗana kaye a hannunsa. Ko muƙamin da ke ƙasa da wannan ba a ba shi ba. Ba sai mun ce da gangan aka yi ba. Naɗi yana bukatar wanda zai kai sunanka fada, shi kuwa yana gonarsa a ƙasar da ba ta fi shekara uku da haihuwa ba, Ingilar da ya yi wa wasa kuma ba ta tuna da shi ba. Taken ƙungiyar dai, da Latinanci, cewa yake duk dangi ɗaya muke.

A matsayinmu na ɗaliban adabi, akwai wani ɓangaren da ya fi jan hankalinmu, wato yadda aka riƙa ba da labarinsa. Marubutan Turai sun fi son su kira shi bara wanda bai iya karatu ba. Reuben Fine, gwanin Amurka, ya rubuta cewa da aka gayyace su cin abinci gidan Sa Umar a 1933, Sultan Khan ne ya riƙa kawo musu akushi. Littafin Daniel King na 2020 ma kalmar bara tana cikin sunansa. Iyalinsa sun musanta wannan siffa da kakkausar murya: sun ce ɗan gidan malamai ne masu gonaki, kuma yana da karatunsa, Turanci ne dai bai ƙware ba. Mu da muka san yadda ake kiran mai allo da tawada jahili don bai yi boko ba, wannan ƙorafi ba zai zame mana baƙo ba. Labarin bara mai baiwa ya fi daɗin ji, domin yana mayar da gwanintar abin al'ajabi, ya kuma sauƙaƙa mantawa da mai ita.

Sultan Khan ya rasu a Sargodha a watan Afrilu na 1966, bayan fama da tarin fuka. An ruwaito daga ɗansa cewa bai yarda ya koya wa 'ya'yansa wasan ba, ya ce su nemi abin da ya fi amfani. A watan Fabrairu na 2024, shekara 58 bayan rasuwarsa, shugaban FIDE Arkady Dvorkovich ya je Islamabad ya miƙa wa firaministan riƙon ƙwarya na Pakistan takardar muƙamin Giranmasta na girmamawa da sunansa. Shi ne ɗan ƙasar na farko da ya sami muƙamin.