Jarumin da ya dawo gida: tuba da zumunci a silimar Nijar ta farko

Tun kafin samun mulkin kai a 1960, finafinan kaboyi na Amurka suka mamaye gidajen silima na biranen Afirka ta Yamma, har samari suka riƙa ara wa kansu sunayen jarumansu. A fim ɗin Jean Rouch na 1958, Moi, un Noir, Umaru Ganda, ɗan ci-ranin Nijar a Abijan, da laƙabin Edward G. Robinson ya fito.

Da ƴan Nijar suka karɓi kyamara, sai suka juya labarin. A 1966 Mustafa Alasan ya fitar da Le Retour d'un aventurier. Wani saurayi, Jimi, ya dawo ƙauyensu daga Amurka da tsarabar huluna da bindigogi, ya raba wa abokansa. Suka hau dawaki, suka shiga sata da faɗa, suka raina dattawa. A finafinan Amurka bindiga ce ke kawo doka gari. A nan kuwa ita ta raba ɗa da mahaifi, ta shiga tsakanin aboki da aboki.

Umaru Ganda, wanda ya yi wa Faransa yaƙi a Indoshin, ya ɗora da Cabascabo, da aka nuna a bikin Kan na Faransa a 1969. Tsohon soja ne ya komo Yamai da kuɗi, maroƙa da abokan ci suka yanyame shi. Da aljihu ya bushe, kowa ya watse. Labaran fagen fama ba su saya masa mutunci ba, ko a wurin aikin lebura. Daga ƙarshe ya saɓa gatari ya nufi daji. Mai kallo na fargabar abin da zai aikata, sai ga shi ƙasar noma ya koma.

Babu maƙiyin da aka kashe a nan balle a ce an yi nasara. Tubar jarumi ita ce ya yarda ya zama mutum cikin mutane, ya ci guminsa. Wannan ba baƙon zance ba ne a Gidan Sori da ƙauyukan Gidan Rumji, inda samari ke tafiya ci-rani Maraɗi ko Kano bayan kaka. Hausawa sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ganda, wanda ya rasu a 1981, ya nuna cewa gida na iya sake karɓar mutum, in ya dawo da niyyar aiki.