Harsunan Ƙasar Aljeriya

Da yawa cikinmu suna da ɗa ko ƙane wanda ya taɓa zuwa bida Tamanrasat. Ana hawan mota a Agadas, a bi ta Arlit, a wuce Asamaka, sai a shiga ƙasar Aljeriya. Waɗanda suka komo gida sukan ba da labari iri ɗaya. Sukan ce ko malamin da ya sauke Alƙur'ani ya karanta littattafai, in ya shiga kasuwar can sai ya yi tsaye kamar kurma. Shi zai ce "kaifa haluka", mai kanti ya ce masa "wash rak". Duka biyun gaisuwa ce, duka biyun Larabci ne, amma ba su yi kama ba. To mi ya kawo haka? Amsar tana cikin tarihi.

Aljeriya babbar ƙasa ce, ta kusa yin biyun Nijar, kuma mutanenta sun fi miliyan 45. Daga Tamanrasat zuwa Alje, babban birninsu da ke bakin teku, kusan kilomita 2000 ne.

Mutanen farko da tarihi ya sani a wannan ƙasa ba Larabawa ba ne. Baƙi suna ce musu Barbar, amma su suna kiran kansu Imazigan, harshensu kuma Tamazigt. Ku saurari sunan nan da kyau. Abzinawan ƙasarmu suna ce wa nasu harshe Tamajak, na Tamanrasat suna cewa Tamahak, na Mali Tamashak. Suna ɗaya ne, bakin kowane yanki ya juya shi yadda ya saba. Ashe ke nan Ba'abzinen da ke kawo mana gishirin Bilma, harshensa ɗan uwan na mutanen duwatsun bakin teku ne. Rubutun Tifinag ma da matan Abzinawa suke zanawa bisa rairayi, jikan wani tsohon rubutu ne da ake gani a jikin duwatsun Aljeriya, wanda ya fi shekara 2000. Mu ma Hausawa mun ci arzikin wannan harshe. Masana sun ce raƙumi da takobi da azurfa, daga bakin mutanen nan muka karɓo sunayensu.

Tun zamanin da, baƙi suna sauka bakin tekun nan da jiragen ruwa. Finikiyawa sun zo da fatauci. Sarki Masinisa, wanda ya rasu shekara 148 kafin haihuwar Annabi Isa, Ba'amazige ne, amma da harshen Finikiyawa ake rubutu a fadarsa. Bayansu Rumawa suka yi mulki shekaru ɗaruruwa da harshensu Latin. Waɗannan harsuna biyu sun mutu a ƙasar, sai ƴan kalmomi suka bari. Watan farko na manoma har gobe Yannayir ake ce masa, kuma sunan daga Rumawa ya fito. Tamazigt kuwa ta zauna inda take, cikin gida da gona, ba ta shiga fada ba, ba ta mutu ba.

Larabci ya shigo sau biyu, kuma wanda ya gane wannan ya gane rabin labarin.

Shigowar farko tare da Musulunci ce. Uƙba ɗan Nafi'u ya kafa birnin Ƙairawan, cikin Tunisiya ta yanzu, a shekara ta 670. An kashe shi a 683 kusa da Biskira, kabarinsa yana can har yau. Larabawan da suka zo lokacin ba su da yawa. Sojoji ne da malamai da alƙalai da fatake, kuma cikin birane suka zauna. Mutanen ƙasa suka musulunta, suna salla da Larabci, amma in sun koma gida da Tamazigt suke magana da ƴaƴansu. Kamar dai mu nan. An yi shekara fiye da 300 a haka, Larabci cikin ganuwa, Tamazigt a karkara.

Shigowa ta biyu ita ce ta juya ƙasar. Wajen shekara ta 1050, sarakunan Masar suka ɓata da sarkin Ƙairawan. Don su hore shi, sai suka saki wasu ƙabilun Larabawa makiyaya, Bani Hilal da Bani Sulaim, suka ce su nufi yamma. Waɗannan ba su zo kamar sojoji ba. Sun zo da mata da yara da tantuna da bisashe. Suka bazu cikin filayen kiwo, suka riƙe rijiyoyi, suka yi auratayya da mutanen wurin. A hankali, zuriya bayan zuriya, mutanen fili suka bar harshen kakanninsu suka kama Larabci. Inda Tamazigt ta tsira su ne wuraren da makiyayi ba ya sha'awa ko ba ya iya shiga. Kabilawa suna bisa duwatsun gabas da Alje, Shawiya suna dutsen Auras, mutanen Mizab suna garuruwansu masu ganuwa a Gardaya, Abzinawa kuma suna can cikin Sahara. Yau ana ƙiyasta kamar mutum ɗaya cikin huɗu ne yake jin ɗaya daga cikin rassan nan.

Shigowa biyun nan ta bar Larabci iri biyu, na birni da na makiyaya. Da kalma ɗaya ana iya gane su. Duk wanda ya zauna makarantar allo ya san "ƙala", wato ya ce. Tsofaffin iyalan Alje da Kusantina suna faɗin ta kusa da yadda take a littafi. Mutumin fili da na Sahara "gal" yake cewa, kamar yadda Larabawan Tasara da na Difa suke faɗa a nan ƙasarmu. Mutumin Tilimsan ya haɗiye harafin farko, sai ka ji "al". Mutumin Jijal kuma ya ce "kal". Da buɗe baki an san garin mutum, kamar yadda muke gane Ba'adare da Badamagare. Can yamma kuma, wajen Tinduf, akwai masu Hasaniyya, irin Larabcin Muritaniya.

Wannan Larabci na gida da kasuwa shi ake kira Darija. Bai tsaya haka ba, duk wanda ya ratsa ƙasar sai da ya zuba masa wani abu. Tamazigt ta ba shi kalmomi masu yawa. Turkawa sun riƙe Alje daga wajen 1516 zuwa 1830, kuma daga gare su aka samo irin "ƙahwaji", mai sayar da gahawa. Mutanen Sipaniya sun riƙe garin Wahran fiye da shekara 250, har 1792, shi ya sa mako ya zama "simana".

Sai Faransawa suka sauka a 1830. Mu nan mulkinsu wajen shekara 60 ya yi, amma a Aljeriya sai da ya kai 132. Ba kwamanda da ƴan sojoji kaɗai suka aiko ba, sun kawo mutanensu suka zauna, har suka kai kusan miliyan ɗaya, suka karɓe gonaki masu kyau. Suka karɓe dukiyar waƙafi wadda makarantun Musulunci suke ci da ita, makarantu da yawa suka rufe. Faransanci ya zama harshen biro da lakwal da shari'ar Nasara. A shekara ta 1938 suka yi doka wadda ta ɗauki Larabci kamar harshen baƙi, ba mai koyar da shi sai da izini. Ku duba wannan abu, mutum cikin ƙasar ubansa a ce harshensa baƙo ne. Malamai irin su Shehu Abdulhamid ɗan Badis, da ƙungiyar malamai da suka kafa a 1931, sun buɗe makarantu da kuɗin jama'a don kada Larabcin littafi ya ɓace.

An yi yaƙi daga 1954 zuwa 1962 kafin ƙasar ta samu ƴancin kai. Ranar da Faransawa suka fita, fiye da mutum takwas cikin goma ba su iya karatu da rubutu ba. Sabuwar gomnati ta ce Larabci ne harshen ƙasa, kuma da shi za a yi lakwal. Da yake ba malamai isassu, aka ɗauko su daga Masar da Siriya da Iraƙi. An gina makarantu ko'ina, yara miliyoyi suka shiga, wannan aiki ne babba. Amma Larabcin da ake koyarwa na littafi ne, ba wanda uwa take yi wa ɗanta ba. Ɗan Darija yakan sha wuya kaɗan ya saba. Ɗan Kabilawa kuwa harshensa ba ya cikin lissafi ko kaɗan, babu shi a aji, babu shi a takardar gomnati.

Abin ya fashe a 1980. Wani marubuci Bakabile, Maulud Mammari, zai yi jawabi a jami'ar Tizi Uzu kan tsofaffin waƙoƙin Kabilawa, sai hukuma ta hana. Ɗalibai suka fita titi, mutanen gari suka bi su, aka rufe kasuwanni. Ranar 20 ga watan Afrilu aka aika ƴan sanda cikin jami'ar, aka yi duka aka yi kame. Maganar ba ta kwanta ba. A shekarar karatu ta 1994 zuwa 1995 iyaye a ƙasar Kabilawa suka hana ƴaƴansu zuwa lakwal wata da watanni, har gomnati ta yarda a fara koyar da Tamazigt. A 2001 an sake tashin hankali, mutum fiye da 100 suka mutu, yawancinsu samari. A 2002 aka ce Tamazigt harshen ƙasa ce, a 2016 kuma aka sa ta cikin harsunan hukuma tare da Larabci. Tun 2018 ranar farko ta Yannayir, wato 12 ga Janairu, ranar hutu ce a ƙasar duka. Faransanci bai tafi ba, likitoci da manyan ƴan kasuwa suna aiki da shi, ko da yake tun 2022 an fara koya wa yaran firamare Ingilishi. Darija kuwa, wadda kusan kowa yake ji, har yau ba ta da gurbi a dokar ƙasa.

Saura harshe ɗaya wanda ko ƴan Aljeriya da yawa ba su san da shi ba. Can yamma cikin Sahara akwai wani zango mai dabino, Tabalbala, bisa tsohuwar hanyar ayari mai zuwa Tambutu. Mutanen wurin suna da harshe mai suna Kwaranje, ma'anarsa maganar gari. Bazabarme ya ji "kwara" ya san gari ake nufi. Harshen nan ɗan uwan Zabarmanci ne, kuma ya fi kusa da Tasawak ta mutanen Ingal, ko da yake ya cika da kalmomin Tamazigt da na Larabci. Masu jin sa ba su wuce ƴan dubbai kaɗan ba, yawancinsu manya ne, yaran garin kuwa da Larabci suke tashi.