Shekara 50 da Fim Ɗin da Bebe Kaɗai Ya Yi Magana a Cikinsa

A 2026 fim ɗin barkwancin nan na Amurka, Silent Movie, ke cika shekara 50, kuma har yau masu sharhi ba su daina musu kan wanda daraktansa, Mel Brooks, ya yi wa shaguɓe da shi ba.

Tun da The Jazz Singer ya fito a 1927, fim marar magana ya fara ja da baya. Charlie Chaplin ya yi ta turjiya har zuwa Modern Times a 1936, daga nan aka rufe babin. Sai ga Brooks a 1976 ya fito da fim mai launi wanda kusan ba a jin komai cikinsa sai kiɗa da ƙarar faɗuwa, zancen 'yan wasa kuwa a rubuce yake bayyana.

Brooks ya fito a matsayin Mel Funn, daraktan da giya ta kassara, yana farautar taurari don su shiga fim ɗinsa marar magana. Ya buga wa Marcel Marceau waya, Bafaranshen da duniya ta sani da wasan bebe. Marceau ya yi ta kokawa da iskar da ke tura shi baya kafin ya kai ga wayar, ya ɗauka, ya ce "Non!", wato a'a. Maganar da aka ji ke nan a duk fim ɗin. Da aka tambayi Funn me ya ce, sai ya amsa a rubuce cewa shi ba ya jin Faransanci.

Wasu na ganin tsoffin finafinan ya zolaya. Ni dai ban yarda ba. Tseren keken guragu da Paul Newman a asibiti salon Buster Keaton ne tsantsa, kuma mai raina sana'a ba ya ƙwarewa a kanta haka. Mugun da ke cikin fim ɗin kamfani ne, Engulf & Devour, mai haɗiye kamfanonin fim, habaici ga Gulf+Western da ya sayi Paramount a 1966. Attajiran da ke lissafin riba ba tare da sanin fim ba, su aka caccaka.

Daga baya The Artist na 2011 ya bi hanyar fim marar magana har ya ci kyautar Oscar. Mai son dariyar Brooks ta ratsa shi, ya fara kallon Chaplin da Keaton tukuna.