Mdou Moctar: daga sutudiyon Sakkwato zuwa kiɗan fim

Mdou Moctar, sunansa na yanka Mahamadou Souleymane, makaɗin jita ne Ba'abzine daga arewacin jihar Tawa. Marubuta sun saɓa kan haihuwarsa: wasu sun ce 1984, wasu 1986, kuma wasu na kai ta Abalak yayin da wasu ke cewa Cintabaraden. Garuruwan biyu dai duk na jihar Tawa ne, arewa da Adar. Ya yi wani ɓangare na ƙuruciyarsa a Arlit, ya ga Abdallah Oumbadougou na kaɗa jita, ya koma gida ya harhaɗa tasa da katako da wayar birkin keke, duk da iyayensa ba su so ba. Bahago ne, da hagun yake kaɗawa har yau.

Jaridun Turai sukan yi tsalle daga nan zuwa Amurka. Amma shekarar da ta fi cancantar a tsaya a kanta ita ce 2008, lokacin da ya tsallaka Sakkwato ya naɗi kundinsa na farko, Anar. A lokacin kiɗan fiyano na finafinan Hausa ne ke tashe a sutudiyon arewacin Najeriya: ganga daga na'ura, murya kuma a bi da ita ta kwamfuta har ta siranta tana rawa. Haka aka yi wa waƙoƙinsa na Tamashek, sai ga jitar Abzinawa cikin rigar waƙar fim. Babu kamfanin da ya fitar da kundin a lokacin. Ta memori da bulutut ya yi yawo, daga wannan waya zuwa waccan, har Mali. A can Ba'amurke Christopher Kirkley ya tsinci waƙar "Tahoultine", ya sa ta cikin tarin waƙoƙin wayoyin Sahara da kamfaninsa Sahel Sounds ya fitar a 2011, sannan ya shiga cigiyar mai ita.

Haɗuwarsu ce ta haifi fim ɗin Akounak Tedalat Taha Tazoughai, wanda aka ɗauka a Agadas da harshen Tamashek, ya fito a 2015. An aro ƙashin bayan labarin daga fim ɗin Purple Rain na mawaƙi Prince: matashi a kan babur, uban da ba sa jituwa da shi, budurwa, da abokin hamayya da za a kara da shi a dandali. Mdou ne tauraro, kuma waƙoƙinsa ne kiɗan fim ɗin, aka fitar da su a faifai na daban. A nan ba a jin fiyanon Sakkwato. Jitar lantarki ce da ganga, irin wadda ake kwana ana kaɗawa a bukukuwan auren Agadas. Abokin kiɗansa Ahmoudou Madassane ya bi sahu da kiɗan fim ɗin Zerzura a 2017.

Sauran tarihin sananne ne: kundin Ilana a 2019, Afrique Victime a 2021 ƙarƙashin kamfanin Matador, sai Funeral for Justice a 2024. Juyin mulkin da aka yi a ƙasarsu a Yulin 2023 ya riske shi da ƙungiyarsa suna rangadi a Amurka, rufe iyakoki ya hana su komawa gida na ɗan lokaci.