Jar Rana ta Ƙarshen Zamani: Tarihin Wani Hasashe na H. G. Wells

A taronmu na ƙungiya da ya wuce an tafka gardama a kan ƙagaggun labarai na kimiyya, inda wani ɗan'uwa ya ce ai duk tatsuniyar Gizo ce aka sa wa kwat da wando, babu abin da manazarci zai tsinta a ciki. Ni ban yarda ba, amma lokaci ya ƙure ban kawo hujja ba. To, ga hujjata, kuma zan tsaya a kan littafi guda da launi guda.

Littafin shi ne The Time Machine, watau keken ratsa zamani, wanda H. G. Wells, mutumin Ingila, ya wallafa a cikin 1895. An haifi Wells a 1866, kuma ya yi karatun kimiyya a Landan, inda ya zauna a ajin T. H. Huxley. Tauraron labarin ya ƙera wani keke da ke kai shi gaba cikin zamani, har ya sauka a shekara ta 802,701.

Abin da ya ja hankalina shi ne, a duniyar da Wells ya ƙaga, launin sama shi ne agogo. Mu ma mun san ƙanƙanin wannan, domin kuwa ɓacewar jan shafaƙi ne ke shigo da lokacin Lisha. Sai dai shi Wells zamunna yake aunawa da launi. Da keken ya ɗauki gudu, dare da rana suka cakuɗe suka zama toka-toka, sama ta yi shuɗi irin na almuru, rana ta koma zaren wuta. Da matafiyin ya ƙara nausawa gaba, sai rana ta riƙa girma tana ja, ƙasa ta daina juyawa, har rana ta tsaya cak a yamma. A hanya ya ga manyan ƙaguwoyi a bakin teku. Bayan shekara fiye da miliyan 30 su ma sun ƙare, sai gansakuka da ƙanƙara da jar rana, sa'an nan husufi ya rufe kome baƙi ƙirin. Watau gwargwadon jan rana, gwargwadon tsufan duniya.

To, ina Wells ya samo wannan? A 1854 Hermann von Helmholtz, Bajamushe, ya ce zafin rana yana fitowa ne daga tsukewar da take yi saboda nauyinta. A 1862 William Thomson, wanda daga baya aka sani da Lord Kelvin, ya yi lissafi ya ce da wuya rana ta kai shekara miliyan 100 tana haskaka ƙasa, kuma zafinta mai ƙarewa ne. Duk wanda ya taɓa tsayawa a maƙera ya san ƙarfe yana fita wuta da haske, ya koma ja, ya mutu baƙi. Haka masanan wancan zamani suka ɗauka rana za ta yi. Har ila yau, wajen 1879 George Darwin, ɗan Charles Darwin, ya bayyana yadda cikowa da janyewar teku ke rage saurin juyawar ƙasa. Daga nan Wells ya ɗauko ƙasar da ta tsaya cak. Ashe jar ranar nan tsoron masanan Ingila ne na ƙarni na 19 aka shafa wa launi.

Lissafin Kelvin bai daɗe ba ya rushe. A 1920 Arthur Eddington ya kawo ra'ayin cewa rana tana samun ƙarfinta daga haɗewar ƙwayoyin haidirojin su zama hiliyam, kuma a 1939 Hans Bethe ya fayyace matakan wannan aiki. Yanzu masana sun ƙiyasta shekarun rana a kan miliyan 4,600, kuma haskenta ƙaruwa yake yi sannu a hankali. Sun ce nan da wajen shekara miliyan 5,000, in haidirojin da ke cibiyarta ya ƙare, za ta kumbura ta zama ƙatuwar jar tauraruwa. Saboda haka Wells ya dace a launi da girma, ya kuskure a lokaci da dalili. Ya hango ƙasa tana daskarewa, su kuwa masanan yau ƙuna suke hango mata.

Mai gardama zai ce, tun da ya kuskure, me ya rage? Ni a ganina kuskuren ne ma ya mai da littafin takardar tarihi. Wanda yake son sanin abin da mai ilimi a Landan yake tsoro a 1895, lokacin da daular Ingila ke kan ganiyarta ana ta kirarin ci gaba, ya karanta babin jar rana. Zai ga mutumin da aka koya wa cewa kome, har rana, yana da ajali da za a iya lissafawa da alƙalami.

Mu ma ba baƙi ba ne ga wannan fanni, domin Umaru Dembo ya kai mai karatun Hausa sararin sama a cikin Tauraruwa Mai Wutsiya. Kirana ga 'yan'uwa masu sha'awar rubutu shi ne, wanda zai ƙaga duniya ya fara sanin wadda yake ciki, ya leƙa ɗakin karatu na sashen kimiyya kamar yadda yake leƙa namu. Ko da masanan gobe sun ƙaryata lissafinsa, za su san abin da zamaninmu ya sani da abin da ya ji tsoro. Ɗan'uwana na ranar taro kuwa, ina jiran amsarsa a fitowa ta gaba.

Allah ya ƙara mana sani mai amfani, amin.