Ƙasimu Yero

Ƙasimu Yero (1947 – 3 ga Satumba, 2017) ɗan wasan kwaikwayo ne ɗan Najeriya, haifaffen Zariya. Yana cikin rukunin farko na 'yan wasan da suka yi suna a talabijin a arewacin Najeriya a shekarun 1970 da 1980, tun kafin kafuwar masana'antar Kannywood. Ya yi wasa da Hausa da kuma Turanci.

Wasanninsa na Hausa

Yero ya shahara ne ta gidan talabijin na NTA Kaduna, wanda a wancan zamani ya fitar da 'yan wasa irin su Usman Baba Pategi, wato Samanja Mazan Fama. Masu kallo sun san shi da wasan barkwanci mai suna Karambana, har sunan ya bi shi. Ya kuma fito a shirin Magana Jari Ce, wanda aka ɗauko daga littafin Abubakar Imam da aka buga a Zariya a ƙarshen shekarun 1930.

Cock Crow at Dawn

Rawar da ta kai sunansa ko'ina a Najeriya ita ce ta Uncle Gaga a shirin Cock Crow at Dawn, wanda NTA ta fara nunawa a 1980. An ɗauki shirin a yankin Jos, Peter Igho na cikin waɗanda suka tsara shi, Bongos Ikwue kuma ya rera waƙar buɗe shi. An yi shirin ne don jawo hankalin jama'a ga noman zamani, a lokacin da gwamnatin Shehu Shagari ke gudanar da shirinta na bunƙasa noma.

Labarin ya ginu a kan Bello, wanda George Menta ya fito a matsayinsa, magidancin da ya baro birni da iyalinsa ya koma ƙauye noma. Ene Oloja ce matarsa Zemaye, Sadiq Daba kuma shi ne Bitrus. Yero ba shi ne jarumin shirin ba. Ya fito ne a matsayin dattijon dangi mai taurin kai da ke yi wa Bello ƙafar ungulu, kuma yawancin rikicin labarin daga wajensa yake tasowa. Wannan ya sa masu kallo suka riƙe sunan Gaga kamar yadda suka riƙe na jarumin.

Rasuwa

Ya rasu a Kaduna ranar 3 ga Satumba, 2017, yana da shekara 70, bayan ya yi fama da jinya. Ana lissafa shi cikin dattawan da suka share wa finafinan Hausa na bidiyo fage, waɗanda suka bunƙasa a Kano daga 1990.