Tarihin Sadiq Daba: Daga Bitrus Zuwa Insifekta Waziri

Ni dai a gidan maƙwabta na fara ganin Sadiq Daba, muna yara a Agege, an jeru a tabarma ana jiran NTA ta sako Cock Crow at Dawn. Shi ne Bitrus, kuma wannan suna ya bi shi har ƙarshen rayuwarsa.

Cikakken sunansa Sadiq Abubakar Daba. Ɗan asalin Kano ne, amma a Saliyo ya tashi, a can ya yi sakandare. Ka ga ke nan shi ma ya san zaman baƙunta irin namu. Da ya dawo gida Najeriya sai ya shiga aikin watsa labarai, ya daɗe yana aiki da NTA.

An ɗauki Cock Crow at Dawn a yankin Jos a farkon shekarun 1980, don a ja hankalin jama'a zuwa noma. Bongos Ikwue ne ya yi waƙar buɗe shirin, marigayi Kasimu Yero kuma ya fito a matsayin Uncle Gaga.

Sai da aka kwashe shekara talatin da ɗoriya kafin babban fim ya zo hannunsa. A 2014 Kunle Afolayan ya ba shi jagorancin October 1, inda ya fito a matsayin Insifekta Danladi Waziri, ɗan sandan Arewa da aka tura wani garin Yarbawa ya gano mai kashe mata, ana daf da samun 'yancin kai a 1960. Da wannan fim ya ci kyautar gwarzon jarumi ta AMAA a 2015.

Abin da ya sa nake ganin girmansa ke nan. Mu da ke Kudu mun gaji da ganin Bahaushe a fim yana gadin ƙofa, ana kiransa "aboki" ana dariya. Daba ya nuna musu Bahaushe mai ilimi da natsuwa, wanda in ya yi magana kowa ke yin shiru.

A 2017 ya bayyana cewa yana fama da cutar kansa, har sai da jama'a suka haɗa masa kuɗin magani. Duk da jinyar, ya fito a fim ɗin Citation a 2020. Ya rasu a Legas ranar 3 ga Maris, 2021.

Allah ya jiƙansa da rahama, amin.